Wane ne Samanja Mazan Fama?

Wani mai sauraronmu daga Tanut, a ƙasar Damargu ta Nijar, ya nemi tarihin Samanja.

Sunansa na gaskiya Usman Baba Pategi. Banufe ne, ɗan gidan sarautar Pategi a jihar Kwara ta Najeriya. Tun yana saurayi ya taho Kaduna, ya yi aiki a gidan rediyo, sannan ya shiga soja a shekarun 1960, aka yi yaƙin basasa da shi.

Zaman bariki ne ya zame masa jari. Ya kwashe halayen samanja tsaf, wato tsawa, cika baki, zare ido da gaggawar hukunta ƙananan sojoji, ya kawo su rediyo da talabijin na Kaduna a shirin Samanja Mazan Fama. Harshensa ma abin dariya ne, Hausar bariki ce gauraye da gurɓataccen Turanci, irin wadda sojoji na ƙabilu daban-daban suke magana da ita. Ga shi a waje kowa na shakkarsa, a gida kuwa rigimar iyali takan sha kansa. Ta nan farar hula suka gane cewa soja ma mutum ne.

Da yake muryar Rediyon Kaduna tana tsallaka iyaka, shirin ya yi farin jini har a Nijar. Rawa ɗaya ya riƙe shekaru da dama, har sunan wasa ya danne na yanka.

Ya rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba, 2023.