Jituwar Igiyoyin Haske ta Fuskar Lokaci da ta Wuri: Gwajin Kalmomin Fannu a Bakin Madatsar Mairuwa

Tsakure

Wannan maƙala ta ɗauki batu guda daga kimiyyar haske, wato yadda igiyoyin haske kan riƙe taku ɗaya na wani lokaci ko a faɗin wani wuri, ta gwada bayyana shi da Hausa. An ɗora bayanin a kan abin da ido ke gani a madatsar ruwa ta Mairuwa da ke Ƙaramar Hukumar Faskari, da kuma kan lugude. An fifita kalmar jituwa a kan daidaituwa, an kuma nuna inda zaɓin ya yi rauni.

1.0 Gabatarwa

Tun bayan fitowar Hausa Metalanguage a 1990, wanda Ɗalhatu Muhammad ya tace, nazarin harshe da adabi ya sami kalmomin fannu da malami zai koyar da su daga farkon darasi har ƙarshensa. Darasin fiziks bai taki irin wannan sa'a ba. Malami a sakandaren Ƙanƙara ko Sabuwa, idan ya ga ɗalibai sun yi zuru, yakan juya zuwa Hausa, ya ƙago kalma nan take, gobe kuma ya zo da wata. Illar ba ta tsaya ga rashin tsari ba. Kalmar da ba ta dace ba takan dasa gurguwar fahimta, kuma cire ta ya fi dasa ta wuya. Batun da aka zaɓa a nan ya dace da gwaji, domin fassarar kai-tsaye tana ɓata shi tun daga kalmar farko.

2.0 Igiya, Zango da Taku

Wanda ya jefa tsakuwa cikin ruwan Mairuwa da sassafe, kafin masunta su motsa shi da jiragensu, zai ga zobba suna buɗewa, tudu na bin kwari, kwari na bin tudu. Wannan ita ce igiya. Tazarar da ke tsakanin tudu da tudu mai bi masa ita ce tsawon zango, kalmar da Bahaushe ya riga ya saba da ita daga rediyo, inda ake sanar da shirye-shirye a kan mita kaza ta gajeren zango. Matsayin da igiya take a wani lokaci, ko tana tudu, ko tana kwari, ko tana tsakani, shi aka kira taku a wannan maƙala.

Idan tsakuwa biyu aka jefa, zobban za su ratsa juna. Inda tudu ya haɗu da tudu ruwa ya ƙara tashi, inda tudu ya faɗa kwari ruwa ya kwanta. Fassarar kai-tsaye daga Ingilishi za ta kira wannan katsalandan ko shisshigi, kalmomin da ke ɗauke da zargi, alhali babu igiyar da ta shiga hurumin wata. Haɗuwar igiyoyi ta wadatar.

Christiaan Huygens na ƙasar Holan ya wallafa ra'ayin cewa haske igiya ne a 1690, amma martabar Isaac Newton, wanda ya karkata ga cewa haske ƙwayoyi ne, ta danne ra'ayin fiye da ƙarni guda. A 1803 Thomas Young ya bayyana wa masanan Ingila gwajin da ya yi da hasken rana: ya shigo da shi ta ƙaramar huda, ya raba shi biyu da siririn kati, sai ratsin haske da ratsin duhu suka bayyana a jere kamar zanen saƙi. Haske a kan haske ya haifi duhu, abin da igiya kaɗai ke iya yi. Zangon hasken da ido ke gani yana tsakanin nanomita 400 da 700, nanomita kuwa kashi ɗaya ne cikin biliyan na mita.

Tambayar da ɗalibi mai kaifin basira zai yi ita ce: in haka ne, me ya sa fitila biyu a ɗaki ɗaya ba sa zana ratsin duhu a bango? Amsar ita ce batun wannan maƙala.

3.0 Dalilin Zaɓen Jituwa

Ratsi ba ya tsayawa har ido ya gan shi sai bambancin taku tsakanin igiyoyin biyu ya zauna daram. A fitila, kowace ƙwayar zarra tana fitar da haskenta ba tare da ta jira 'yar'uwarta ba, don haka bambancin takun yana sauyawa sau biliyoyi kafin ƙiftawar ido. Ratsin yana samuwa, amma yana sauya wuri da saurin da ya sa ido ke ganin matsakaicin haske kawai.

Kalmar da ke fara zuwa baki ita ce daidaituwa, kuma a nan tarkon yake. Daidaituwa tana nuna cewa igiyoyin biyu suna tashi tare suna sauka tare, wanda ba shi ne sharaɗin ba. A dubi mata biyu suna lugude a turmi ɗaya. Taɓaryar wannan tana sama lokacin da ta waccan ke ƙasa, ba su taɓa sauka tare ba, da sun yi haka ma da sun yi karo. Duk da haka wanda ya ga inda taɓarya ɗaya take ya san inda ɗayar take. Ba su daidaita ba, amma sun jitu. Abin da masana haske ke nufi ke nan: sanin takun igiya a wani matsayi ya isa a faɗi takunta a wani matsayin. Kalmar Ingilishi ta wannan fanni daga Latin ta fito, ma'anarta ta asali mannewa da juna, ba zama iri ɗaya ba. Jituwa kuma ba baƙuwa ba ce ga manazarta nahawu, waɗanda suka san jituwar suna da sifa ta fuskar jinsi da adadi, inda kalmomi biyu mabambanta ke amsa wa juna.

3.1 Jituwa ta Lokaci

A bar mace ɗaya da turminta. Idan an ji bugunta yanzu, har zuwa bugu na nawa za a iya hasashen saukar taɓaryarta ba kuskure? Gwanar daka za ta riƙe kiɗan har bugu ɗari, mai koyo kuwa a bugu na uku ta sauya. Tsawon lokacin da igiya ke riƙe takunta shi ne lokacin jituwa, nisan da haske ya ci a wannan lokaci kuma shi ne tsawon jituwa.

Abin da ke yanke wannan tsawo shi ne tsarkin launi. Hasken da ya ƙunshi zango iri-iri yana saurin rikicewa, domin igiyoyin da suka fara tare, mai gajeren zango da mai dogo, ba sa jimawa suke saɓa taku. Lissafin mai sauƙi ne: a ninka tsawon zango da kansa, a raba da faɗin tazarar zangunan da hasken ya ƙunsa. Farin hasken rana yana da matsakaicin zango na nanomita 550 da tazara ta kusan 300, sakamakon ya zama kimanin maikuromita 1, wato kashi ɗaya cikin dubu na milimita. Tudu biyu kacal, sai taku ya ɓace. Jan ƙwan lantarki irin na cikin tocila, mai zango 630 da tazara ta kusan 20, yana kaiwa maikuromita 20. Lezar hiliyom da niyon ta ɗakin gwaji, mai zango 632.8, takan kai santimita 20, wato tudu fiye da 300,000 a jere.

Wannan lissafi yana da shaida a bakin ruwa. Inda man injin ban-ruwa ya ɗiga a kan ruwa, yakan bazu ya fito da launuka irin na bakan gizo, alhali man ba shi da waɗannan launuka. Wani ɓangare na hasken rana yana dawowa daga saman man, wani ya nutse ya dawo daga inda mai ya haɗu da ruwa. Na biyun ya yi tafiyar da ta ɗara ta farko, amma da yake kaurin man bai kai maikuromita ɗaya ba, ya dawo tun ɗan'uwansa bai sauya taku ba. Suna haɗuwa, wani launi ya ƙarfafa, wani ya mutu, gwargwadon kaurin man a wurin. Gilashin taga ma fuska biyu gare shi, kuma kowace tana mayar da haske, amma ba a ganin launi a jikinsa. Kaurinsa milimita 3 ne ko fiye, shiga da fita sun ninka tsawon jituwar hasken rana sau dubbai, igiyar da ta dawo ta tarar da baƙuwa.

Kada a ɗauka gajeriyar jituwa aibi ce. Na'urar da likitocin ido ke ɗaukar hoton sassan tantanin bayan ido da ita, wadda aka fara bayyanawa a Amurka a 1991, da gangan take amfani da haske mai gajeriyar jituwa. Ratsi ba ya fitowa sai tafiyar igiyoyin biyu ta zo kusan ɗaya, don haka fitowarsa ke nuna zurfin da hasken ya dawo daga gare shi.

3.2 Jituwa ta Wuri

Tambaya ta biyu dabam take. Ba a tambayar yaushe taku zai sauya, ana tambayar ko wurare biyu da ke gefe da gefe suna karɓar taku mai alaƙa a lokaci guda. Idan yara goma suna wanka a gaɓar madatsa, ruwan da ke kusa da su a hargitse yake, gora biyu da ke yawo a wurin kowace rawarta take yi. Can nesa kuwa, igiyoyin sukan iso a jere, gorunan da ke kusa da juna su riƙa tashi da sauka cikin tsari guda. Yaran ba su shirya da juna ba. Nisa ne ya mayar da su tamkar ɗigo ɗaya.

Wannan shi ne abin da P. H. van Cittert ya tabbatar da lissafi a 1934, Frits Zernike ya faɗaɗa shi a 1938, dukansu 'yan Holan: gwargwadon ƙanƙantar tushen haske a ido, gwargwadon faɗin wurin da haskensa ke jituwa. Faɗin rana a sama kusan rabin digiri ne. Idan aka raba zango 550 da wannan kusurwa, aka ninka da 1.22, za a sami kimanin milimita 0.07, kaurin silin gashi ke nan. Huda biyu da suka fi haka nisa da juna ba za su ba da ratsin kirki da hasken rana kai-tsaye ba.

A nan hikimar hudar farko ta Young take fitowa. Wanda ya tsaya mita 2 daga huda mai faɗin rabin milimita ba ya ganin rana duka ta cikinta, ɗan yanki kawai yake gani. Tushen ya ƙanƙance, faɗin jituwa ya tashi zuwa kusan milimita 3. Hudar ƙusa a kwanon rufi, wadda ke jefa da'irar haske a daɓe da tsakar rana, rabin kayan gwajin ce. Irin wannan huda Ibn al-Haisam ya yi nazari a Alƙahira a farkon ƙarni na 11, shi kuwa siffar da ke bayyana a bango ce ta dame shi.

Taurari sun fi kowace huda ƙanƙanta. A Disamban 1920, Albert Michelson da Francis Pease sun ɗora madubai a kan babban madubin hangen nesa na Dutsen Wilson a Kalifoniya, suka duba tauraron Betelgeuse. Da tazarar madubai ta kai kimanin mita 3, ratsin ya ɓace. Daga wannan tazara suka lissafo faɗin tauraron a sama, daƙiƙar kusurwa 0.047, karo na farko da aka auna faɗin wani tauraro ban da rana. Ƙanƙantar nan ce kuma ke sa taurari ƙyaftawa idan iska ta motsa, yayin da Zara, wadda duniya ce mai faɗi a madubi, takan tsaya da haskenta.

4.0 Inda Kalmar ta Yi Rauni

Dole a riƙe sunaye biyu, domin ɗayan ba ya haifar da ɗayan. Tauraro yana da jituwar wuri mai faɗin mitoci, amma farin haskensa gajere ne ta fuskar lokaci. Babbar fitilar sodiyom mai ruwan ɗorawa ta fi shi tsarkin launi nesa ba kusa ba, amma daga kusa jituwarta ta wuri kaɗan ce. Huda tana gyara ta wuri, matacin launi yana gyara ta lokaci, kowanne kuma da asarar haske yake yin aikinsa. Leza, wadda Theodore Maiman ya fara kunnawa a watan Mayun 1960, ita ta haɗa biyun ba tare da wannan asara ba. Ɗige-ɗigen da ke walƙiya a cikin jan tabon 'yar lezar wasan yara idan an haska bango alamar hakan ce.

Raunin jituwa yana wajen nahawu. A jimla, suna da sifa ko dai sun jitu ko sun saɓa, babu tsakani: farar riga daidai ne, farin riga kuskure ne. A haske kuwa abin mataki-mataki ne. Michelson ya auna shi da bambancin hasken ratsi mafi haske da mafi duhu, a raba da jimlarsu, sakamakon ya faɗa tsakanin 0 da 1, kuma babu fitilar da ke zaune a kan ɗayan iyakokin biyu. Ɗalibin da ya zo da jituwar nahawu a kansa zai nemi amsar e ko a'a. Saboda haka kalmar ba ta tsayawa ita kaɗai a aji, sai an haɗa ta da ma'auni, a ce gwargwadon jituwa. Ma'anarta ta zamantakewa ta fi taimakawa a nan fiye da ta nahawu, domin Bahaushe yakan ce maƙwabta biyu suna ɗan jituwa, ko jituwarsu ta ragu tun bayan rabon gona.