Shehu Ɗan Wasan Tsakiya

A filin ƙwallo kowace ƙungiya tana da mutum goma sha ɗaya. Waɗansu suna tsaron gida, waɗansu suna kai hari. Tsakaninsu kuwa akwai ɗan wasan tsakiya. Aikinsa ya ƙwace ƙwallo daga abokan karawa, ya miƙa wa 'yan gaba. In ya yi sakaci, gida ya buɗe.

Shehu Abdullahi irin wannan ɗan wasa ne. An haife shi a Sakkwato cikin 1993. A lokacin nan Gusau da Tsafe da Bunguɗu duk suna cikin Jihar Sakkwato, don ba a yanke Zamfara ba sai 1996.

Ya yi suna a ƙungiyar Kano Pillars. Cikin 2014 ya tafi Kuwait, daga nan sai Fotugal, sai tsibirin Kubrus. Cikin 2018 ya koma Bursaspor ta Turkiyya. Yana cikin 'yan Nijeriya da suka ciwo lambar tagulla a wasannin Olamfik na 2016 a Barazil, ya kuma buga Kofin Duniya a Rasha cikin 2018.

To, yara, kada ku ga kamar abin da sauƙi. Kowace ƙaura sabon harshe ne, da sabon abinci, da kewar gida. Ƙarfin ƙafa kuma ba ya daɗewa; rauni ɗaya yana iya raba mutum da sana'arsa. Saboda haka ku buga ƙwallo da yamma, amma da safe ku riƙe littafi.