Shin Dutse Yana Tuna Abin da Ya Faru a Gabansa?

Gabatarwa

A cikin wasu ƙagaggun labarai da finafinan Turawa akan nuna wani “masani” da zai shiga kango ko tsohon fagen yaƙi, ya dafa bango, sai ya ji fushi ko firgitar mutanen da suka mutu a wurin tun ɗaruruwan shekaru, har ya zana taswirar inda kowane abu ya auku. A labari wannan abin nishaɗi ne. To amma an yi mutanen da suka ɗauke shi ilimin kimiyya. A wannan darasi za mu duba iƙirarinsu, mu kwatanta shi da hanyoyin da kimiyya ke bi wajen karanta sawun abin da ya wuce.

Asalin ra’ayin

A shekarar 1842 wani likita ɗan Amurka, Joseph Buchanan, ya ƙirƙiro kalmar “saikometiri”, wato awon ruhi. Ya ce duk abin da mutum ya taɓa yana riƙe da wani gurbi na halinsa, kuma mai kaifin ji zai iya karanta wannan gurbi. A 1863 William Denton, masanin duwatsu, ya wallafa littafi mai suna The Soul of Things. A ciki ya bayyana yadda matarsa da ’yar’uwarsa kan ɗora ɓarɓashin dutse a goshi, su ce suna ganin zamanin da dutsen ya ratsa.

Wanda ya kai abin ga zanen taswira shi ne Frederick Bligh Bond, magini ɗan Ingila. A 1908 aka ba shi aikin tone kangon tsohon gidan ibada na Glastonbury, ya kuwa gano harsashin wani ɗaki da ya ɓace. A 1918 sai ya fito da littafi yana cewa malaman addinin da suka zauna a gidan, waɗanda suka daɗe da mutuwa, su ne suka nuna masa wurin ta hannun wani abokinsa mai rubutu ba da saninsa ba. Masu suka suka ce ai tsofaffin takardu sun riga sun ambaci ɗakin, kuma Bond gwani ne a sha’anin tsofaffin gine-gine. Bayan ’yan shekaru aka sallame shi daga aikin.

A 1972 gidan talabijin na BBC ya nuna wasan kwaikwayo mai suna The Stone Tape, wanda Nigel Kneale ya rubuta. A cikinsa duwatsun wani tsohon gida suna naɗar abin da ya faru kamar kaset. Daga nan ne wannan kwatance ya bazu.

Inda gizo ke saƙa

Mu ɗauki kaset ɗin da aka daɗe ana naɗar murya da shi. Zarensa yana da shafen garin ƙarfe. Makirfo yana juya murya zuwa lantarki, lantarkin ya tsara maganaɗisun garin ƙarfen, sa’an nan rikoda ta karanta tsarin ta mayar da shi murya. Ga abin naɗa, ga abin ajiya, ga abin karantawa, kuma kowanne ana iya auna shi. Masu cewa bango yana naɗar fushi ba su nuna ko ɗaya daga cikin ukun nan ba.

Matsala ta biyu ita ce gwaji. Wanda aka gaya wa cewa an yi kisa a wani ɗaki, da wuya ya shiga bai ji tsikar jikinsa ta tashi ba, domin labarin ya riga shi shiga. Kuma idan mai duba ya faɗi abu goma, biyu suka dace, biyun ake tunawa.

Sawun da kimiyya ke karantawa

Duk da haka, ƙasa da dutse suna ajiye tarihi. Yumɓu yana ɗauke da ƙwayoyin ƙarfe. Idan aka gasa shi da wuta mai tsanani ya huce, ƙwayoyin sukan daskare suna fuskantar inda maganaɗisun duniya yake fuskanta a lokacin. Tun da wannan fuska tana sauyawa a hankali, tsohon murhun da bai gusa daga mazauninsa ba yana iya nuna zamanin da aka hura masa wutar ƙarshe.

Haka nan duk mai rai yana ɗaukar sinadarin kabon-14. Da zarar ya mutu sai sinadarin ya dinga raguwa, rabinsa yana ƙarewa a kowace shekara 5,730. Willard Libby ya sami lambar Nobel a 1960 saboda wannan hanya. Da ita aka auna kwalekwalen Dufuna, wanda wani makiyayi ya ci karo da shi yana haƙar rijiya a 1987, a yankin da yake cikin Jihar Yobe a yau. Ɗakunan bincike biyu a Jamus suka auna katakonsa, sakamakonsu ya zo kusa da juna: kimanin shekara 8,000. Bambancin ke nan. Awon da wani ya yi, wani dabam zai sake shi ya sami abin da na farko ya samu.

Aiki a aji

Malam ya karɓi alƙalami iri ɗaya daga ɗalibai biyar, ya sa kowanne a ambulan mai lamba, ya rubuta mai kowace lamba a asirce. Wani ɗalibi da bai ga jerin sunayen ba shi zai riƙa miƙa ambulan ɗaya ga mai gwaji, shi kuma ya taɓa ya faɗi mai alƙalamin. A cuɗa ambulan ɗin bayan kowane zagaye, a yi sau 20. Canki-canka kaɗai kan ba da dacewa wajen sau 4, wato ɗaya cikin biyar. A rubuta dacewa da kuskure baki ɗaya.

Tambayoyi

1. Me ya sa bai kamata mai miƙa ambulan ya san amsa ba?
2. Wane gwaji ne da Bond ya yi zai iya gamsar da masu sukarsa?
3. Idan itace ya mutu shekara 11,460 da suka wuce, kashi nawa na kabon-14 ɗinsa ya rage?