Yadda ake karanta tarihin leƙen asiri a Makka da Hijaz a zamanin Yaƙin Duniya na Ɗaya

Makka gari ne da wanda ba Musulmi ba ba ya shiga, amma babu garin da daulolin Turai suka ƙagu su ji abin da ake faɗa a cikinsa kamarsa. Kowace shekara mutanen da suke mulka, daga Indiya da Jawa da Aljeriya da Najeriya, sukan haɗu a can su yi watanni suna hira ba tare da idon wani Bature ba. Wannan ya sa tarihin leƙen asiri a Hijaz ya fita daban: mai rubuta rahoton yana zaune a Jidda ko Alƙahira, wanda ya gani da idonsa kuwa Musulmi ne da ba kasafai ake ambatar sunansa ba. Littattafan fannin suna da yawa, kuma wanda ya fara da wanda ya fi suna a cikinsu yakan ɗauki labarin a karkace. Ga tsarin da ya kamata a bi.

Mataki na farko: a tanadi tambayoyi

Ɗalibin Sira yana da ma'auni a hannunsa tun kafin ya buɗe littafin Turawa. A shekara ta 8 bayan Hijira, ana shirin buɗe Makka, Haɗib ɗan Abi Balta'a (R.A.) ya aika wa Ƙuraishawa takarda ta hannun wata mata. Manzon Allah (S.A.W.) ya tura Ali da Zubair da Miƙdad, suka cim mata a Raudatu Khakh, ta zaro takardar daga cikin kitsonta. Da aka tambayi Haɗib dalili, sai ya ce iyalinsa na Makka ya so ya kare. Labarin yana cikin Bukhari da Muslim, kuma tambayoyi huɗu suna fita daga cikinsa: wa ya rubuta, wa ya ɗauki saƙon, wa ya tare shi, me marubucin yake nema. A rubuta su a shafin farko na littafin rubutu, a riƙa yi wa kowane rahoto su.

Mataki na biyu: a san yaƙin kansa

Rahoton sirri ba ya fahimtuwa sai an san abin da ake ciki ranar da aka rubuta shi. Littafin Eugene Rogan, The Fall of the Ottomans (2015), ya wadatar a nan, kuma an fassara shi da Larabci. A fitar da ranaku kaɗan a haddace: kiran jihadi da Sarkin Daular Usmaniyya ta Turkawa ya yi a Nuwamba 1914, wasiƙun da Sharif Husaini na Makka da McMahon, wakilin Ingila a Masar, suka yi musaya daga Yuli 1915 zuwa Maris 1916, yarjejeniyar ɓoye ta Sykes da Picot a Mayu 1916, boren Sharif a Makka ranar 10 ga Yuni 1916, kama Aƙaba a Yuli 1917, da miƙa Madina a Janairu 1919.

Mataki na uku: a koma baya, ga sa ido kan alhazai

Leƙen asirin lokacin yaƙi ya tarar da gadonsa a shimfiɗe. Littattafai biyu sun nuna haka: The British Empire and the Hajj na John Slight (2015) da Imperial Mecca na Michael Christopher Low (2020). A cikinsu za a ga yadda tsoron cutar kwalara da tsoron haɗin kan Musulmi suka cakuɗe, har aikin likita da aikin ɗan rahoto suka zama ɗaya. Misali shi ne Dakta Abdurrazak, likita Musulmi ɗan Indiya, wanda Ingila ta naɗa mataimakin ƙaramin jakada a Jidda a 1882 saboda shi yana iya shiga Makka, ubangidansa ba ya iyawa. An kashe shi a wajen garin Jidda a 1895.

A nan ne wurin karanta Snouck Hurgronje, masanin Holan da ya zauna a Makka wajen wata shida a 1885 da sunan Abdulgaffar, ya kuma buga littafinsa Mekka a 1888 da 1889. Bayaninsa kan karatun Harami da zaman Jawawa yana da amfani ƙwarai, amma a karanta shi ana tune da abu biyu. Yawancin abin da ya sani kan malaman Jawa, wani ɗalibi ɗan Banten, Raden Abubakar, ne ya tattaro masa, kuma da dama daga hotunan da ake jingina masa wani likita ɗan Makka ne ya ɗauke su. Na biyu, Snouck ɗin daga baya ya zama mai ba gwamnatin Holan shawara a yaƙinta da Musulmin Ace.

Mataki na huɗu: Ofishin Larabawa na Alƙahira

Nan ne cibiyar lamarin, kuma ya cancanci a daɗe a kansa. A 1916 Ingila ta kafa wani ƙaramin ofishi a Alƙahira, Arab Bureau, ƙarƙashin kulawar Gilbert Clayton, da masanin kufai David Hogarth a matsayin darakta. A fara da The Arab Bureau na Bruce Westrate (1992) domin sanin mutanen ofishin da rigimarsu da gwamnatin Indiya, wadda take fargabar abin da Musulminta za su yi in an tayar wa Halifa, wato Sarkin Daular Usmaniyya, bore. Sai Military Intelligence and the Arab Revolt na Polly Mohs (2008), wanda ya nuna cewa tare saƙonnin rediyon sojan Turkiyya da hotunan da jiragen sama suka ɗauka sun yi aikin da aka daɗe ana jingina wa bajintar mutum ɗaya. Spies in Arabia na Priya Satia (2008) ya fi su nauyin Turanci, a bar shi ƙarshe. Yana bayanin yadda jami'an Ingila suka shigo da Balaraben da suka ƙirƙira a zukatansu, suka riƙa ganinsa a cikin rahotanninsu.

Labarin Muhammad Sharif al-Faruƙi shi ne darasin da ya fi dacewa a gwada tambayoyin nan huɗu a kansa. Matashin hafsa ne ɗan Mosil, ya tsallaka daga sahun Turkawa zuwa na Ingila a Galifoli a 1915. Da aka kai shi Alƙahira sai ya shaida musu cewa mafi yawan hafsoshin Larabawa suna cikin ƙungiyoyin asiri, a shirye suke su juya, kuma in Ingila ta yi jinkiri za su bi Jamus. Jami'an suka gaskata, domin abin da suke son ji ke nan. Ba a jima ba McMahon ya rubuta wasiƙarsa ta 24 ga Oktoba 1915, wadda ta yi wa Larabawa alkawarin 'yanci. Gagarumin tawayen soja da Faruƙi ya yi bushara da shi bai auku ba. Elie Kedourie ya warware wannan zare a In the Anglo-Arab Labyrinth (1976), sai dai yana da tsanani ga ɓangaren Sharif, don haka kada a karanta shi shi kaɗai.

Mataki na biyar: Lawrence, tare da masu ƙaryata shi

Sai yanzu ne ya dace a buɗe Seven Pillars of Wisdom na T. E. Lawrence, jami'in Ingila da ya shiga boren Sharif. Ya sauka Jidda ne a Oktoba 1916, wata huɗu bayan an fara boren, wanda hakan kaɗai ya isa ya rage masa girman da fim ya ba shi. A ajiye littafin masanin tarihi ɗan Jodan, Sulaiman Musa, a gefensa. Ya fito da Larabci a 1962, aka fassara shi da sunan T. E. Lawrence: An Arab View a 1966. Musa ya zanta da Larabawan da suka yi yaƙin, ya kuma yi shakkar wasu labaran Lawrence, har da na kama shi a Dar'a. Ana karanta babi a nan, a nemi takwaransa a can. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, saboda haka a haɗa da tarihin rayuwar Sarki Abdullahi ɗan Husaini da ya rubuta da kansa, da The Arab Awakening na George Antonius (1938), wanda ake samu da Larabci da sunan Yaƙzatul Arab.

Turkawa ma suna da nasu mutanen. The Circassian na Benjamin Fortna (2016) tarihin Ashraf Kushcubashi ne, jigo a ƙungiyar asirin Turkiyya, wanda dakarun Sharif suka kama kusa da Khaibar a Janairu 1917 yana ɗauke da zinariya zuwa Yaman. Mai jin Faransanci, musamman a Nijar, ya nemi Le Hedjaz dans la guerre mondiale (1931) na Kanar Brémond, shugaban tawagar sojan Faransa, wanda ba ya ga maciji da Lawrence.

Mataki na shida: a dawo gida

Hanyar ƙasa da alhazan Hausa suke bi ta Borno da Sudan tana cikin abin da ya hana Turawa barci. Mabiyan Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya, da suka yi gabas bayan yaƙin Burmi a 1903, sun zauna a Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu, wasu suka zarce Hijaz. A Agadas, Kawusan, jagoran Buzaye, ya kewaye sansanin Faransa daga Disamba 1916 zuwa Maris 1917 da goyon bayan Sanusiyya. Nigeria in the First World War na Akinjide Osuntokun (1979) ya bi yadda waɗannan al'amura suka girgiza gwamnatin Lugga. A 1919 Razdan Palmer ya bi hanyar alhazai daga Maiduguri har Jidda ya rubuta rahoto. Wani jami'in Ingila, Lethem, ya yi irin wannan tafiya a 1925, sakamakonta ya shiga rahoton da shi da abokin aikinsa Tomlinson suka fitar a 1927 kan abin da suka kira farfagandar siyasar Musulunci a Najeriya. A tsakanin tafiye-tafiyen biyu ne, a 1923, aka kama Shaihu Sa'idu ɗan Hayatu bisa zargin Mahadiyanci aka kai shi Buea a Kamaru. Rahotannin nan cike suke da zargi, kuma duk malamin da ya karɓi wasiƙa daga gabas abin tuhuma ne a wurinsu. Islam and Colonialism na Muhammad Sani Umar (2006) shi ke kawo muryar malaman da ake magana a kansu.

Mataki na bakwai: takardun asali

Kafin a amince da kowane littafi a duba shekarar buga shi. Sai a 1968 Ingila ta rage wa'adin rufe fayilolinta zuwa shekara 30, don haka waɗanda suka yi rubutu kafin nan ba su ga yawancin takardun ba. Na ofishin Alƙahira suna Kew, a Landan, a jerin FO 882, na wakilcin Jidda a FO 686. Mujallar sirri ta ofishin, Arab Bulletin, an sake buga ta a 1986. Wanda ba shi da halin tafiya ya shiga Qatar Digital Library ta intanet, inda aka sa takardun Ofishin Indiya kyauta, da bayani cikin Larabci da Turanci. Jaridar al-Ƙibla, da Sharif ya fara bugawa a Makka a Agusta 1916, tana nuna abin da aka so mutanen gari da alhazai su ji, kuma gwama ta da rahoton sirri na mako guda yana koyar da abu mai yawa. Mazaunin Makka ya fara tambaya a laburaren Jami'ar Ummul Ƙura da Maktabatul Haramil Makki.

A kowace takarda a ware gurbi a rubuta daga bakin wa labarin ya fito: muɗawwifi ne, ɗan kasuwa, tafinta, ko alhajin da aka tare a tashar jirgin ruwa. In ba a faɗa ba, a rubuta cewa ba a faɗa ba. Fayilolin Hajji da Mahadiyanci na Jihar Arewa suna ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa da ke Kaduna, kuma ɗalibin da ya haɗa Hausa da Larabci da Turanci ya fi kowa cancantar ya zauna a kansu.