Jori Hamani, Shugaban Nijar na Farko

Mai karatu, in ka tashi daga Zermu ka shiga birnin Damagaram, ka tuna a nan aka tsare shugaban ƙasarmu na farko. Sunansa Jori Hamani.

An haife shi a 1916 a Sudure, kusa da Yamai. Ya yi lakwal har ƙasar Senegal, ya komo ya zama mushe. Ya koyar da yara a Yamai da Maraɗi. Har birnin Pari ya je yana koya wa Faransawa Hausa da Zabarmanci.

A 1946 aka kafa jam'iyyar PPN, yana cikin manyanta. A shekarar aka zaɓe shi dipite a majalisar Faransa. A 1958 Faransa ta ce a yi ƙuri'a: a zauna tare da ita ko a rabu? Jibo Bakari, shugaban Sawaba, ya ce a'a. Jori ya ce i. Masu i suka yi rinjaye. Ranar 3 ga Agusta 1960 Nijar ta sami ƴancin kai, Jori ya zama shugaba.

Ya yi suna wajen sulhu. A 1968 ya karɓi ɓangarorin yaƙin basasar Najeriya a Yamai don a sasanta. Amma a gida fa? Tun 1959 aka hana Sawaba, jam'iyya ɗaya ta rage. Mai ƙorafi ba shi da wurin faɗi.

Sai ga fari. Daga 1968 damina ta dinga ƙaranci, dabbobi suka mutu, rumbuna suka zama wayam. Talakawa na cewa taimakon hatsi ba ya isowa gare su. Ranar 15 ga Afrilu 1974 soja suka yi juyin mulki, Saini Kunce ya hau. Matar Jori, Aisa, ta rasu a daren. Shi kuwa aka kawo shi kaso a Damagaram har 1980. Ya rasu a Maroko a 1989.

Ka gani ke nan, shugaban da bai ji kukan talaka ba, mulkinsa na kan tsini.

Tambayoyi
1. Wane aiki Jori ya yi kafin siyasa?
2. Me ya kawo faɗuwarsa?
3. Tambayi tsofaffin garinku yadda suka ga farin nan.