"Maganar gida ce" ba amsa ba ce

Wata Hajiya ta zo ofishina a Maitama kwana kaɗan bayan ta fita takaba, da leda cike da takardu. Ƙanin mijinta ya fito da takardar wakilci wadda ta ce marigayin ya damƙa masa gidan da take zaune da marayu biyar, har ya fara kawo dillalai suna zagaya katanga. Na duba kwanan watan takardar, na duba fasfon marigayin. A ranar da aka ce ya sa hannu a Abuja, hatimin shige da fice ya nuna yana Alƙahira yana jinya.

"Hajiya, kin kai wa 'yan sanda?"

"Na kai, Barista. A kanta aka ce mini maganar gida ce, mu je mu sasanta ko mu tafi kotun gado."

Wannan amsa na sha jin ta, kuma na san inda ta samo asali. Sashe na 8 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015 da sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 sun hana kama mutum kan rikicin da ba na laifi ba, kamar bashi ko saɓa yarjejeniya. Doka ce mai kyau, don mun ga zamanin da caji ofis ya koma wurin karɓar bashi. Sai dai wasu jami'ai sun mai da ita bargon rufa. Wane ne magaji, nawa ne rabonsa, wannan aikin alƙali ne. Amma ƙirƙirar sa hannun mamaci laifi ne ko da ɗan uwansa na ciki ɗaya ya yi. Kundin Pinal Kod da ake aiki da shi a Abuja, sashe na 364, ya tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 14, sashe na 366 kuma ya haɗa da wanda ya yi amfani da takardar yana sane jabu ce.

Ba zan ɓoye muku ba, dokarmu ba ta kai ta Indiya tsauri ba. A can Kotun Ƙoli ta yanke a 2013, a shari'ar Lalita Kumari, cewa dole ɗan sanda ya rubuta ƙara muddin bayanin ya nuna babban laifi. A nan, shari'ar Gani Fawehinmi da Sufeto Janar ta 2002 ta bar wa 'yan sanda damar auna yadda za su bi da bincike. To amma auna abu sai an karɓe shi an duba, kuma sashe na 4 na dokarsu ya ɗora musu gano laifi. Kora daga kanta ba aunawa ba ce.

Ga abin da muka yi. Muka rubuta wa DPO koke, muka liƙa kwafin takardar da na fasfon, muka nemi a buga mana hatimin karɓa a namu kwafin. Magana ta baki iska ce. Takarda mai hatimi da kwanan wata ita ke hana a ce ba ka zo ba. In DPO ya ƙi, akwai Kwamishinan 'Yan Sandan Abuja, akwai sashen karɓar ƙorafi na rundunar, kuma dokar 2015 ta yarda a kai koke kai tsaye gaban majistare, shi ya tura a bincika. A ranar da muka kai koken kuma muka sanar da AGIS, inda ake rajistar filayen Abuja, cewa gidan yana cikin rikici, kafin wani ya biya kuɗi.

Me ya sa ban tsaya a shari'ar gadon kawai ba? Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ce wanda ya yi zargin laifi, ko a shari'ar da ba ta laifi ba, sai ya tabbatar da shi ba tare da kokwanto ba. Bazawara ita kaɗai ba ta da ikon tilasta wa kowa ya fito da ainihin takarda a gwada rubutun hannu. Mai bincike yana da shi.

Dattawan dangin sun kira ni suna cewa za a tona asirin zuri'a. Na ce musu ƙofar sulhu a buɗe take, a fara janye takardar. Ba a janye ba, kuma Hajiya na nan cikin gidanta ana jiran sakamakon gwajin sa hannun.