Tare Mutum Tun Bai Kai Ƙofar Kurkuku Ba

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, ya 'yan'uwa masu karatu, darasinmu na wannan mako a kan wata dabara ce ta mahukunta, watau kautar da mai ƙaramin laifi daga hanyar kurkuku, da kautar da mabukaci daga dogara ga sadaka.

A shekarar 1989 aka kafa wata kotu a birnin Mayami na ƙasar Amurka domin mashaya miyagun ƙwayoyi. Maimakon ɗauri, sai alƙali ya tura mutum wurin magani, yana dawowa gabansa lokaci-lokaci. In ya cika sharuɗɗa a yafe tuhumar, in ya saɓa a koma shari'a. Haka kuma bayan dokar taimakon matalauta ta 1996, jihohi da dama na wannan ƙasa suka riƙa ba magidancin da ya shiga matsi kuɗi dunƙule sau ɗaya, ya biya haya ko ya gyara motar zuwa aiki, don kada sunansa ya shiga jerin masu karɓa wata-wata. A Nijeriya ma, dokar gudanar da shari'ar laifuffuka ta 2015 ta yarda alƙali ya sa mai ƙaramin laifi aikin al'umma a madadin ɗauri.

To, mene ne matsayin wannan a Musulunci?

Na farko, Shari'a ta buɗe ƙofar afuwa tun magana ba ta kai ga hukuma ba. Da Safwanu ɗan Umayya ya kai wanda ya sace masa mayafi gaban Manzon Allah (S.A.W.), sa'an nan ya nemi ya yafe, sai aka nuna masa cewa lokacin yafewa shi ne kafin a kawo ƙara.

Na biyu, ana bincika abin da ya jawo laifi. Imamu Malik ya kawo a cikin Muwaɗɗa cewa bayin Haɗibu sun saci taguwar wani mutumin Muzaina suka yanka. Da Sayyidina Umar ya gane yunwa ake bar su da ita, sai ya juya kan ubangidansu, ya ɗora masa dirhami 800, ninkin kuɗin taguwar. Malik bai ɗauki ninkin a matsayin abin aiki ba, amma darasin ya tabbata: wanda ya jawo yunwar yana da kaso a cikin laifin.

Na uku, Abu Dawuda ya ruwaito labarin mutumin Ansar da ya zo roƙo. Annabi (S.A.W.) ya sayar da shimfiɗarsa da ƙwaryarsa dirhami 2, ɗaya na abincin iyali, ɗaya na gatari, ya tura shi yin itace kwana 15. Ya komo da dirhami 10, bai sake bukatar miƙa hannu ba.

Sai dai a lura, sassauci yana da sharaɗi. Wajibi ne a mayar wa mai haƙƙi haƙƙinsa, domin tuba ba ta cika da dukiyar wani a hannu. Kada kuma ya zama ɗan mai hali ne kaɗai ake kautarwa, ɗan talaka a rufe shi. Manzon Allah ya yi fushi da irin wannan bambanci sa'ad da Usama ɗan Zaidu ya nemi ceton matar nan ta Banu Makhzum.

Saboda haka, ya ku masu unguwanni da limamai da mawadata, yaron da ya saci kwanon hatsi, in aka kulle shi tare da riƙaƙƙun ɓarayi, me zai koyo? Ku zaunar da shi da iyayensa, a biya mai kaya, a kai shi wurin sana'a, a fitar masa da jari daga zakka, a kuma sa wanda zai riƙa bin sawunsa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Allah Shi ne mafi sani. Allah Ya shirye mu da zuriyarmu, amin. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu.